Shin "Akwai" Sifa Ce? Nazari A Kan Hujjar Anselm

A darasin kāre bangaskiya, da wuya a sami hujjar da ke burge ɗalibai kamar ta Anselm. Ya rubuta ta a littafinsa Proslogion wajen shekara ta 1078, yana gidan sufaye na Bec a Faransa, kafin ya zama Akbishop na Kantabari a 1093. Ga yadda take a taƙaice. Allah shi ne wanda ba a iya tunanin wani da ya fi shi girma. Abin da yake nan a zahiri ya fi wanda yake cikin tunani kaɗai. In da a tunani kaɗai Allah yake, da an iya tunanin wanda ya fi shi, wannan kuwa ya saɓa wa ma'anar da aka fara da ita. Saboda haka akwai Allah.

Mun gaskata akwai Allah. Hanyar da aka bi ce muke tuhuma.

A ilimin manɗiƙi na lissafi, sifa jimla ce mai gurbi, kamar "x mai jinƙai ne". Ba gaskiya ba ce, ba kuma ƙarya ba, sai an cike gurbin da suna. Kalmar "akwai" aikinta dabam ne. Ba ta ƙara wa x kome, tana dai shaida cewa aƙalla abu guda ya dace da gurbin. Harshenmu ma ya raba su: mukan ce "dokin fari ne, mai gudu ne", amma in za mu tabbatar da samuwarsa sai mu ce "akwai doki".

A nan hujjar ta yi tuntuɓe, domin ta jera samuwa cikin sifofin kammala, kusa da iko da hikima. A 1781 Kant ya kawo misalin tsabar kuɗi ɗari: ɗarin da ke aljihu ba su fi ɗarin da ke tunani da ko kwabo ba, ko da yake mai su ya fi mai mafarkinsu arziki. A 1884 Frege ya ƙara fayyacewa: wanda ya ce akwai abu, cewa ya yi adadin abubuwan da ke da sifar ba sifili ba ne. Ko an cusa samuwa cikin ma'anar kalma, iyakar abin da za a samu shi ne "duk wanda yake da sifofin nan yana nan". Wannan jimla gaskiya ce ko da babu ko ɗaya mai sifofin. Tun Anselm yana raye, wani sufi mai suna Gaunilo ya hango matsalar, ya ce da wannan dabara za a iya tabbatar da tsibirin da ya fi kowane kyau. Toma Akwinas ma bai karɓi hujjar ba.

Sai dai mu yi wa Anselm adalci. A 1974 Alvin Plantinga ya sāke gina hujjar a kan samuwa ta dole, wadda sukan Kant bai rushe ta kai tsaye ba. Amma nauyin ya koma kan zaton cewa irin wannan Allah mai yiwuwa ne, kuma Plantinga da kansa ya yarda cewa hujjar tana nuna dacewar bangaskiya da hankali ne kawai. Anselm kuwa cikin addu'a ya rubuta littafin, a matsayin mai bi da ke neman fahimta.

Ina ruwan mai hidima da wannan? A ikilisiyoyinmu akwai matasa masu karatun lissafi da kwamfuta, waɗanda suka koyi sifa da "akwai" a aji. In muka ɗora musu bangaskiya a kan hujja mai tsaga, ranar da suka ga tsagar za su ɗauka dukan ginin haka yake. Mu koyar da Anselm a aji, tare da masu sukansa. A bagade kuwa mu yi shelar Allah da ya bayyana kansa cikin Almasihu, gama ba ma'anar da muka ba shi ce ta samar da shi ba.