Wa Ya Kaɗa Sangaya?

Ku je tashar Gazawa ko kasuwar Gidan Rumji ku tambayi samari su wa suka fito a fim ɗin Sangaya. Kafin ku rufe baki an ce Ali Nuhu da Fati Muhammad. To, ku ƙara da: wa ya tsara kiɗan? Sai kallon-kallo. Alhali kiɗan nan ne ya sayar da kaset ɗin.

A Japan ba haka abin yake ba. Shunsuke Kikuchi, da ya rasu a 2021, shi ya tsara kiɗan Dragon Ball, kuma sunansa na tafe da aikinsa har gobe. Mu kuwa akwati kawai muka karɓo daga can, wato fiyanon Yamaha da ya mamaye sitidiyoyin Kano a ƙarshen shekarun 1990. Girmama mai kiɗan mun bar musu.

Ba raina fiyano nike ba, ƴan uwa. Da shi mutum guda ya zama mai ganga, mai sarewa, mai goge, a kuɗi kaɗan. Amma fa akwai hasara. Hausa harshe ne mai karin sauti: kukan jariri da kukar miya, hawa da saukar murya ne suka raba su. Shi ya sa kalangu ke magana. Makaɗi ya matse tsarkiya a hammata sauti ya hau, ya saki ya sauka, kirari ya fito sarai. Kalangun cikin fiyano kuwa bugu ɗaya ne ake ta maimaitawa, kurma ne. Sannan in an aro karin waƙar Indiya, sai a tanƙwara kalmominmu su shiga ciki ko sun ƙi. Ku saurara da kyau, za ku ji kalma ta hau inda ya kamata ta sauka.

Mi ya kawo haka? Wanda ba a ambaton sunansa, ba a yaba mai, ba a tuhumarsa. To don mi zai wahalar da kansa ya nemi salo nasa?

Gyaran a hannunmu yake. In za mu yi sharhin fim, mu karanta jerin sunayen ƙarshe, mu ambaci mai kiɗa, mu auna shi. Ƙannenmu masu haɗa kiɗa a kwamfuta kuma, ga makaɗan fadar Tibiri nan kusa. Su je su zauna su saurari yadda fata ke furta Hausa.