Jarumtaka Iri Biyu: Ganɗoki da Uwar Shaihu Umar

A shekarar 1933 Ofishin Talifi na Zariya, ƙarƙashin Rupert East, ya sa gasar rubuta littattafan hira da Hausa. Cikin waɗanda suka fito daga gasar nan akwai Ganɗoki na Malam Bello Kagara, da Shaihu Umar na Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa. In aka tambayi masu karatu wane ne jarumi cikin littattafan biyu, yawancinsu Ganɗoki za su ce. Wannan amsa tana bukatar a sake duba ta.

Ba shakka Ganɗoki namiji ne. Ya yi yaƙi da Turawa a zamanin da suka ci Kwantagora a 1901, daga baya kuma labarin ya kai shi ƙasar aljannu, yana sara yana suka yana kirari. Malam Bello gwanin Hausa ne, har mai karatu ya ji kamar ana kaɗa gangar yaƙi a kunnensa. Amma akwai aibi guda. Ganɗoki ba ya jin tsoro, wanda kuwa ba ya jin tsoro ba shi da abin da zai koya wa mai jinsa. Manomi ko ɗan koli zai ji daɗin labarin, sa'an nan ya rufe littafin yana ganin jarumtaka ta masu sulke ce kaɗai.

To, a dubi uwar Umar. Ba ta da doki, ba ta da takobi, ba ta da mai tsaya mata. Da aka sace ɗanta sai ta bar gida ta shiga nemansa. Aka yaudare ta, aka sayar da ita baiwa, aka ƙetara hamada da ita, duk da haka zuciyarta ba ta saki ɗan nan ba. Sai a Tarabulus Allah ya sada su, ba ta kuwa jima ba ta rasu. Abin da za a zargi marubucin da shi shi ne ya gaggauta wannan saduwa, alhali nan ne nauyin littafin yake. Amma ya yi daidai da bai sa mata wani ƙarfi na al'ajabi ba, gama da ya yi haka da ta yi wa masu karatu nisa kamar Ganɗoki.

Irin ƙarfin halinta yana nan cikin kowace unguwa. Shi ne na mai shaida da ya faɗi gaskiya gaban alƙali ko da a kan ɗan'uwansa ne, da na gwauruwar da ke daka da surfe don marayunta su ci, da na dattijon da ya zauna ajin yaƙi da jahilci da furfurarsa, yara na dariya, bai fasa ba har ya iya rubuta sunansa. Saboda haka wanda ya karanta Ganɗoki don nishaɗi ya kamata ya bi shi da Shaihu Umar, ya auna kansa da matar nan. Allah ya ba mu irin haƙurinta, amin.