3.2 Oumarou Ganda: Daga Ɗan Wasa Zuwa Mai Shirya Fim

A wannan fasali za a dubi yadda Oumarou Ganda, wanda aka haifa a Yamai a 1935, ya tashi daga gaban kyamara ya koma bayanta. Tun yana matashi ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indocina, wato yankin Biyetnam ta yau. Da ya dawo gida bai sami aikin yi ba, sai ya tafi ci-rani Abijan yana dako a tashar jiragen ruwa. A can ne Bafaranshen nan Jean Rouch ya sa shi ya zama tauraron fim ɗin Moi, un noir na 1958.

Idan aka lura da kyau, a wannan fim rayuwar Ganda ce ake kallo, muryarsa ce kuma ake ji, domin bayan an gama ɗaukar hoto shi ya riƙa tsara maganar da bakinsa. Amma zaɓen abin da zai shiga da wanda za a yanke yana hannun Rouch. Labarin yaƙin kuwa, wanda ya fi komai ci masa rai, ɗan wuri kaɗan ya samu a kusa da ƙarshe.

Wannan nazari yana ganin cewa wannan giɓi ne ya haifar da Cabascabo, fim ɗinsa na farko, wanda aka nuna a bikin Cannes a 1969. Shi ya shirya shi, shi ne kuma tauraro, da harshen Zabarmanci. Tsohon soja ne ya dawo daga Indocina da kuɗi, abokai da mata suka yi masa caa, da aljihu ya bushe kowa ya watse. Ƙarfin fim ɗin yana ga salon waiwaye, inda fagen fama yake faɗowa cikin hira a gutsure, kamar yadda tunani yake zo wa mai shi. Ganda bai yi wa tauraron nasa kwaskwarima ba. Ya nuna almubazzarancinsa da fankamarsa ƙiri-ƙiri, ga shi kuwa mai kallo na iya ɗaukar cewa kansa yake nufi.

Sai dai akwai rauni. Matan fim ɗin ba su da wani matsayi da ya wuce cin kuɗin soja, komawar tauraro karkara kuma ta zo da gaggawa. Raunin farko ya gyaru a Le Wazzou polygame, inda kishin matan wani Alhaji ya riƙe jigon, fim ɗin da ya ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972. Ganda ya rasu a 1981, bikin kuma ya sa sunansa ga kyautar da ake bai wa fim ɗin farko na sabon mai shiryawa.