Idon Da Bai Yi Gaggawa Ba

A shekara ta 2019 wani ɗan Sudan mai suna Suhaib Gasmelbari ya fito da fim ɗinsa, Talking About Trees, har ya ci lambar yabo a birnin Balin. Ba ƙagaggen labari ba ne. Dattawa huɗu ya bi da kyamara: Ibrahim Shaddad, Suleiman Ibrahim, Manar Al Hilo da Altayeb Mahdi. Dukansu masu shirya fim ne da suka yi karatu a Jamus, Rasha da Masar. Sun kafa ƙungiyarsu a 1989, a shekarar ce kuwa Umar al-Bashir ya ƙwace mulki, gidajen silima suka yi ta mutuwa.

Burin dattawan ƙarami ne, wato su buɗe wani tsohon gidan silima marar rufi a Umdurman, su nuna wa jama'a fim kyauta, kamar majigin da iyayenmu suke ba mu labari. Muna ganinsu suna shara, suna wanke bango, suna zolayar juna cikin duhu sa'ad da aka ɗauke wuta. Suna ta neman izini daga hukuma, ba su samu ba.

Ƙarfin fim ɗin shi ne haƙurinsa. Babu mai sharhi da zai gaya mana cewa an zalunci mutanen nan. Kujerun da babu kowa a kansu sun isa shaida, gama labarin zuciya a tambayi fuska.

Amma akwai abin dubawa. Dattawan sun san kyamara sarai, wani lokaci wasa suke yi mata. Saboda haka kada mai kallo ya ɗauka ya leƙa rayuwarsu ba da saninsu ba. Haka kuma wanda bai san tarihin Sudan ba zai so a ƙara masa bayani, domin shirun ya yi yawa a wasu wurare.

Duk da haka, tun da yaƙi ya ɓarke a Khartum ran 15 ga Afrilu 2023, darajar fim ɗin ta ƙaru. Titunan da muka gani cikin lumana sun ga wuta, mazaunansu da yawa sun yi hijira. Abin da aka ɗauka a matsayin zaman yau da kullum ya zama abin tunawa.

Ya mai karatu, dattawan unguwarku fa, wa yake adana zamansu da hirarsu tun suna tare da mu?