4.2 Makami da Jigon Tashin Hankali a Fim Ɗin Neighbours

Norman McLaren ne ya shirya wannan gajeren fim a shekarar 1952 a ƙarƙashin Hukumar Fina-finai ta Kanada, wato lokacin da ake tsakiyar Yaƙin Koriya. Tsawonsa kimanin minti 8 ne, kuma ya ci kyautar Oscar a 1953. Ma'anar sunan fim ɗin ita ce maƙwabta.

Taurarinsa maza ne guda biyu da ke zaune lafiya a ƙofar gidajensu suna karanta jarida, har wani fure ya tsiro a tsakaninsu. Kowannensu ya ce a filinsa ya fito. Daga nan aka kafa shingen katako domin raba iyaka, sai gardama ta koma doke-doke.

Idan aka lura da kyau, za a ga babu bindiga ko wuƙa a cikin fim ɗin. Katakon shingen da aka kafa don raba gardama shi suka cire suka mayar tamkar takobi. Wannan shi ne ƙashin bayan jigon, domin McLaren yana nuni da cewa makami na biyo bayan ƙiyayya ne, kuma duk abin da hannu ya kai gare shi yana iya zama makami. Furen da ake rikici dominsa ma an tattake shi, ba wanda ya waiwaye shi.

Ta fuskar salo, babu zance ko kaɗan. An ɗauki hoton mutanen ɗaya bayan ɗaya kamar yadda ake yi wa zane mai motsi, don haka suke sulɓi da tashi sama kamar 'yan tsana. Wannan dabara takan sa mai kallo dariya da farko, kafin dariyar ta koma firgici a inda kowanne ya hallaka matar ɗan'uwansa da jaririnta. An taɓa yanke wannan fitowa saboda muninta, daga baya aka mayar da ita. Mayarwar ta dace, domin ita ce ke nuna waɗanda yaƙi ke ci ba su ji ba, ba su gani ba.

Raunin fim ɗin yana ƙarshensa, inda aka rubuta gargaɗin ƙaunar maƙwabci cikin harsuna da dama. Kaburbura biyun da katakon shingen ya kewaye, kowanne da furensa, sun riga sun isar da saƙon, saboda haka rubutun maimaici ne kawai.