Mawaƙi da Kansa a Waƙoƙin Imfiraji na Aliyu Namangi

Manazarta kan ɗauki duk baitin da mawaƙi ya ambaci kansa a matsayin tarihin rayuwarsa. Wannan ra'ayi yana buƙatar gyara. A Waƙoƙin Imfiraji, Alhaji Aliyu Namangi na Zariya (1894-1990) yakan fito a matsayin bawa mai zunubi, mai neman gafara da ceton Manzo. Wannan ƙasƙantar da kai gado ne daga waƙoƙin wa'azi na malaman jihadi na ƙarni na 19, domin mai wa'azi yakan fara da kansa kafin ya tsoratar da jama'a. Makantarsa tun yana ƙarami kuwa tabbataccen tarihi ce. Manazarcin da bai rarrabe waɗannan biyu ba zai ɗora wa malamin laifuffukan da salo ne kawai ya sa ya ambata.