Murya Kafin Fuska: Samanja da 'Yan Wasan Farko

Dattawan garuruwa irin su Gwandu da Kalgo sun fara ganin hoto mai motsi ne a majigi. Motar gwamnati ce ke zuwa, a kafa farin ƙyalle a fili bayan isha'i, a haska fim irin su Baban Larai mai koya wa manoma dabarun noma. Sai dai wanda ke riƙe da taron shi ne mai bayani da ke gefe da lasifika, yana ba mutanen cikin hoton baki da Hausa. In ya iya magana a sha dariya, in bai iya ba mutane su watse.

Haka abin yake a Koriya zamanin mulkin Japan. Finafinansu na farko ba su da sauti, sai mai bayani ya tsaya gaban 'yan kallo yana yin muryar kowa. A wannan yanayi Na Un-gyu ya shirya fim ɗin Arirang a 1926, ya kuma fito a matsayin jaruminsa. Ya rasu a 1937 bai kai shekara arba'in ba, fim ɗin da ya ɗaukaka shi kuma ya ɓace, ba a san inda kwafinsa yake ba.

A ganina, daga wannan tushe na murya ya kamata a auna 'yan wasanmu na farko. Usman Baba Pategi, Banufe ne, tsohon soja da ya ga yaƙin basasa. Shirinsa na Samanja Mazan Fama, inda ya fito a matsayin Samanja, ya shiga gidaje ta Rediyon Kaduna da talbijin. Duk ƙarfin Samanja yana bakinsa: Hausar bariki cakuɗe da Turancin buroka, da tsawar da ake yi wa kurtu, da yadda yake sauke murya nan take in hafsa ya shigo. Wanda bai taɓa ganin kakinsa ba ya san girman muƙaminsa da iyakarsa. Ya nuna wa farar hula cewa sojan da suke tsoro shi ma yana da wanda yake tsoro, yana da rigimar gida da ta albashi. Wannan ba ƙaramin aiki ba ne a lokacin da sojoji ke mulkin ƙasar.

Kasimu Yero ya bi wata hanyar, ta Hausa tatacciya da iya dakatawa a inda ya dace, a shirye-shiryen Karambana da Magana Jari Ce.

Da bidiyo ya kankama a Kano bayan fim ɗin Turmin Danya a 1990, sai nauyi ya koma kan fuska da waƙa da rawa, salon Indiya ya yi rinjaye. An sami riba, amma zance ya yi rauni. Kasimu Yero ya rasu a 2017, Samanja a 2023, kuma kaɗan ne daga faya-fayan wasanninsu ɗalibi mai nazari a Birnin Kebbi zai iya samu ya saurara a yau.